Kisan Keffi Da Kisan Landan: Littattafan Da Ya Kamata Ɗaliban Yelwa Su Nema

Duk wanda ya san birnin Bauchi ya san Yelwa unguwar 'yan makaranta ce. A nan ne tsohon mazaunin Jami'ar Abubakar Tafawa Ɓalewa yake, wadda aka kafa a 1980, a nan kuma Kwalejin Aikin Gona ta jiha take, ga Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Tarayya can gaba kaɗan a Gwallameji, kan hanyar Dass. Inda ɗalibai suka taru kuwa ba a rasa masu son labarin kisan kai da na 'yan sandan ciki. Iyayensu sun yi zamanin littattafan James Hadley Chase, ana aro hannu da hannu har bango ya yage. 'Ya'yan kuma sun koma kallon irin wannan labari a waya.

To, amma akwai wani rukunin littattafai da ya fi waɗannan amfani, kuma bai gaza su daɗi ba, wato tarihin kisan kai na gaskiya, wanda marubuci yake tonowa daga takardun kotu da tsofaffin jaridu da bakin dattawa. Turawan Ingila sun rubuta irinsu da yawa a kan kashe-kashen da aka yi a ƙasarsu cikin ƙarni na 19. Mai karatu zai ce, ina ruwan ɗan Bauchi da wani Bature da aka kashe a Landan shekara 160 da suka wuce? Da ruwansa, domin ɗan sandan da zai kama shi in an tuhume shi, da kotun da za a kai shi, da dokar da za a karanta masa, duk suna da asali a can. Har ila yau kuma, akwai wani Baturen Ingila da aka kashe a ƙasar nan, ba a kuwa taɓa kai maganarsa gaban alƙali ba, sai aka kai ta bakin bindiga. Wanda ya karanta labaran nan biyu gefe da gefe zai gane darajar shari'a. Saboda haka da na gida ya kamata a fara.

KISAN KYAFTIN MOLONEY

Ranar 3 ga watan Oktoba na 1902, Razdan na Keffi, Kyaftin Moloney, ya zo filin ƙofar fadar Sarkin Keffi, ya aika a kira masa Magaji Ɗan Yamusa. Shi Magaji wakilin Sarkin Zazzau ne a garin, mayaƙi ne mai ƙarfi wanda ya fi Sarkin Keffi kansa faɗa a ji, kuma ya yi suna wajen kai hari da kamun bayi, abin da Turawa suka ce lalle ya daina. Magaji ya ƙi fitowa. Moloney ya tura mataimakinsa, Webster, cikin gidan, mutanen Magaji suka yi masa ature, da ƙyar ya fito. Sai Razdan ya ce masa ya je ya zo da soja. Kafin soja su iso Magaji ya fito bisa doki, ya kashe Moloney, wanda gurgu ne saboda wani tsohon rauni kuma ba ya riƙe da makami, ya kashe tafintansa Audu Timtim, ya yi arewa da mutanensa.

Magaji bai zame ko'ina ba sai Kano, inda Sarki Alu ya karɓe shi da girmamawa. Gwamna Lugga kuwa ya sami abin da zai kafa hujja da shi. A ƙarshen Janairu na 1903 Kanar Morland ya tashi daga Zariya da soja fiye da 700, ranar 3 ga Fabrairu ya shiga Kano, alhali Sarki Alu yana kan hanyar dawowa daga Sakkwato. Ranar 15 ga Maris aka ci Sakkwato. Sarkin Musulmi Attahiru ya yi hijira gabas, jama'a suka bi shi, Magaji Ɗan Yamusa yana cikinsu. A Burmi, cikin ƙasar Gombe, wadda a lokacin tana cikin Lardin Bauchi, aka yi karon ƙarshe ranar 27 ga Yuli. Sarkin Musulmi ya rasu a nan, Magaji ya rasu a nan, Manjo Marsh na Turawa ya mutu a nan, tare da ɗaruruwan mutanen da ba su san Moloney ba, ba su taɓa ganin Keffi ba. Sarki Alu kuma aka kai shi Lakwaja, can ya rasu a 1926.

Mutanen Bauchi sun riga sun ga irin wannan tun kafin Kano. A Fabrairu na 1902 Morland ɗin nan ya shiga Bauchi, aka tuɓe Sarki Umaru, hujjar da Turawa suka bayar kuwa ita ce kisan da aka yi wa mutanen Gwaram. Nan ma ba a zauna shari'a an saurari shaidu ba. Mai tuhuma shi ne alƙali, shi ne kuma ya rubuta labarin.

LABARI ƊAYA, BAKI DABAN-DABAN

Abin da zai ba mai karatu sha'awa shi ne littattafan da suka kawo labarin Keffi ba su yi baki ɗaya ba. Rahoton shekara-shekara na Lugga na 1902 ya nuna abin a matsayin kisan gilla da aka yi wa wakilin Sarkin Ingila, wanda in aka ƙyale shi babu Baturen da zai sake kwana lafiya a Arewa. Margery Perham, wadda ta rubuta tarihin Lugga, ta bi bayansa a littafinta na biyu, Lugard: The Years of Authority, na 1960. Amma ko a cikinsa mai karatu zai ga cewa ofishin kula da ƙasashen mulkin mallaka a Landan bai ji daɗin yadda Gwamna ya shirya yaƙin Kano ba tare da ya sanar da su a kan kari ba.

Littafin da ya fi dacewa a fara da shi shi ne Concerning Brave Captains, na D. J. M. Muffett, wanda ya fito a 1964. Muffett tsohon jami'in mulki ne a Jihar Arewa, ya ji Hausa, ya kuma nemi tsofaffin da suka ga zamanin ya ɗauki maganarsu, ya gwada ta da takardun gwamnati. Labarin da ake bayarwa a Keffi ya ɗora laifi mai yawa a kan Audu Timtim. An ce shi ne yake kai ƙarya nan ya kai can, ya gaya wa Magaji Bature zai kama shi, ya gaya wa Bature Magaji na shirya masa mugunta. In haka ne, ashe tafinta ɗaya ya kunna wutar da ta ci shi ta ci wasu. Ko makamin da aka yi kisan da shi ma ba a daidaita ba, wasu sun ce bindiga, wasu sun ce takobi. Muffett ya kuma nuna shakkarsa a kan wata wasiƙa da Lugga ya ce Sarkin Musulmi Abdurrahman ya aiko masa ta neman yaƙi.

Daga nan sai a nemi Power and Diplomacy in Northern Nigeria 1804-1906, na R. A. Adeleye, malamin tarihi na Jami'ar Ibadan, wanda ya fito a 1971. Shi ya dubi al'amarin daga ɓangaren sarakunan Daular Usmaniyya, abin da suke tsoro da abin da suke karewa. Wanda yake son ya ji muryar sarakunan da kansu sai ya nemi The Occupation of Hausaland, na H. F. Backwell, na 1927, domin fassarar wasiƙun Larabci ne da aka samu a gidan Wazirin Sakkwato Buhari bayan an ci garin. The Fall of Nigeria na Obaro Ikime, na 1977, ya fi su sauƙin Turanci, ya dace da ɗan sakandare.

Ba a ce Magaji ba shi da laifi ba. Ya kashe mutum biyu gaban jama'a, bayin da ya kama kuwa su ma 'ya'yan wasu ne. Abin lura shi ne babu ranar da aka tsayar da shi aka ce, me ka ji, wa ya gaya maka, me ya sa ka yi? Wanda ya san amsar, wato tafinta, ya mutu a filin. Shi ya sa har yau maganar ba ta rufu ba.

BAƘON DA YA RATSA BAUCHI

Akwai kuma wani tsohon kisa da ya shafi Bauchi, shi kuwa cikin ƙarni na 19 sosai. A 1853 gwamnatin Ingila ta aiko wani saurayi Bajamushe, masanin taurari, Eduard Vogel, ya bi sawun Dokta Barth, wanda aka fi sani da Abdulkarim. Vogel ya iso Bauchi a 1855, zamanin Sarki Ibrahim ɗan Yakubu, ya koma Kukawa, ya nufi Wadai, can aka kashe shi a farkon 1856. Shekaru ana neman labarinsa. Wani Bajamushe, von Beurmann, da ya zo bincike, shi ma ya ratsa Bauchi a 1862, aka kashe shi a ƙasar Kanem a 1863. Sai a 1873 Gustav Nachtigal ya shiga Wadai ya fito da rai. Littafinsa, Sahara and Sudan, an fassara shi da Turanci, kashi na huɗu shi ne na Wadai da Darfur, ya fito a 1971. Karatu ne mai nauyi, amma yana nuna wahalar gano gaskiyar kisa in an bar shekaru sun binne shaidu.

CAN INGILA KUWA

Yanzu sai a haye teku. Wanda yake son littafi ɗaya da ya tattara manyan kashe-kashen Ingila na wancan ƙarni, sai ya nemi The Invention of Murder, na Judith Flanders, na 2011. A ciki zai sami labarin Burke da Hare, waɗanda suka kashe mutum 16 a birnin Edinburgh suna sayar da gawa ga wani likita mai koyar da fiɗa, Dokta Knox. An kama su a 1828, Hare ya ba da shaida a kan abokinsa ya tsira, aka rataye Burke a Janairu na 1829. A 1832 majalisa ta yi dokar da ta tsara yadda makarantun likita za su riƙa samun gawa ta halal. Flanders ta kuma nuna yadda masu jarida da masu wasan kwaikwayo suka mai da jinin mutane abin kasuwa, suna ƙara gishiri don a saya. Mai waya a hannu a yau zai gane wannan hali ba sai an yi masa bayani ba.

Wanda ya fi kama da labarin ƙirƙira shi ne The Suspicions of Mr Whicher, na Kate Summerscale, na 2008. A watan Yuni na 1860 aka sami gawar wani yaro ɗan shekara 3, Saville Kent, a masai na bayan gidansu, a wani ƙauye mai suna Road. Alamu sun nuna mai kisan ɗan gida ne. Aka aiko Sufeto Jonathan Whicher daga Landan, ɗaya daga cikin mutum 8 da aka fara kafa sashen 'yan sandan ciki da su a 1842. Ya tuhumi yayar yaron da suke 'yan uba, Constance, mai shekara 16. Ba shi da cikakkiyar shaida, kotu ta sake ta, jaridu suka yi masa ca, suna cewa ɗan talaka ya ci mutuncin gidan manya. A 1865 Constance ta kai kanta ta amsa laifi. Ta yi shekara 20 a kurkuku, ta rasu a Ostareliya a 1944 tana da shekara 100. Abin koyi a nan shi ne zaton ɗan sanda ya zama gaskiya, amma duk da haka kotu ta yi daidai da ta ƙi ɗaure yarinya a kan zato.

Mr Briggs' Hat, na Kate Colquhoun, na 2011, labarin kisa na farko ne a cikin jirgin ƙasa a Ingila. Ranar 9 ga Yuli na 1864 aka doke wani tsohon ma'aikacin banki, Thomas Briggs, aka jefo shi daga tarago. Mai kisan ya bar hularsa ya ɗauki ta mamacin. Aka bi sawun hula da sarƙar agogo har kan wani tela Bajamushe, Franz Müller, wanda ya riga ya shiga jirgin ruwa mai filafilai zuwa Amurka. 'Yan sanda suka hau mai tururi, suka riga shi isa New York, suka jira shi. An rataye shi a Nuwamba gaban dubban 'yan kallo. Marubuciyar ta bar mai karatu da tambaya, shin shaidun sun isa a ɗauki ran mutum? Shekara 4 bayan haka, a 1868, Ingila ta daina rataya a bainar jama'a.

Kowa ya ji sunan Jack the Ripper, wanda ya kashe mata a unguwar talakawa ta Whitechapel a Landan a 1888, ba a kuwa taɓa kama shi ba. An rubuta littattafai barkatai ana cacar ko wane ne. Hallie Rubenhold ta ƙi bin wannan hanya. A littafinta The Five, na 2019, ta bi rayuwar matan biyar ɗaya bayan ɗaya, gidajen da aka haife su, aurensu, 'ya'yansu, da yadda talauci da giya suka kai su kwana a titi. Ta ce babu tabbatacciyar shaida cewa uku daga cikinsu karuwai ne, kamar yadda aka yi ta faɗa shekara fiye da 100. Wannan littafi ya dace da duk wanda ya saba jin an kashe mace sai ya fara tambayar me ta je yi can.

DAGA LANDAN ZUWA GWANDU

Ga masu sha'awar aikin lauya akwai shari'a biyu da ba a tsallake su. A 1843 wani mutum mai suna Daniel M'Naghten ya harbe Edward Drummond, sakataren Firayim Minista Robert Peel, yana zaton Peel ɗin ne. Kotu ta sake shi daga laifin kisa saboda taɓin hankali, aka tsare shi a gidan mahaukata. Jama'a suka yi ta surutu, har manyan alƙalai suka zauna suka tsara ƙa'idar da za a riƙa auna hauka da ita, wato ko mutum ya san abin da yake yi, ko kuma ya san laifi ne. Richard Moran ya ba da labarin a Knowing Right from Wrong, na 1981. Ta biyu ita ce ta Dudley da Stephens a 1884, matuƙan jirgin ruwan da ya nutse, waɗanda yunwa ta sa suka yanka yaron jirgi, Richard Parker, suka ci. Kotu ta ce larura ba ta halatta ɗaukar ran wani ba, ta yanke musu hukuncin kisa, daga baya aka mai da shi ɗaurin wata 6. A. W. B. Simpson ya rubuta shi a Cannibalism and the Common Law, na 1984.

Yaya wannan ya iso Arewa? Wani mutum, Tsofo Gubba, ya kashe kwarton matarsa, kotun Sarkin Gwandu ta yanke masa hukuncin kisa bisa mazhabar Malikiyya. A 1947 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Afirka ta Yamma ta soke hukuncin, ta ce a dokar Turawa wanda aka tunzura har ya yi kisa ba a kashe shi. Wannan ya jawo shekaru ana jayayya tsakanin kotunan En'e da na Turawa. A 1958 gwamnatin Sardauna ta kira kwamitin masana shari'a a ƙarƙashin Babban Jojin Sudan, Sayyid Muhammad Abu Rannat. Daga shawararsu aka yi dokar nan ta Final Kod, wadda ta fara aiki ranar 30 ga Satumba na 1960. An ɗauko tsarinta daga dokar Sudan, ita kuma daga ta Indiya ta 1860, wadda Turawan Ingila suka rubuta. Sashenta na taɓin hankali jikan ƙa'idar M'Naghten ne. Littafin Alan Gledhill, The Penal Codes of Northern Nigeria and the Sudan, na 1963, ya bi wannan salsala daki-daki.

YADDA ZA A KARANTA SU

Tsofaffin littattafan, irin su na Muffett da Adeleye da Ikime, a ɗakunan karatu na jami'o'i ake dacewa da su, ko wajen masu sayar da tsofaffin littattafai. Sababbin na Ingila ana iya yin odarsu ta intanet, in kuɗi ya yi wuya ɗalibai biyar su haɗa su sayi ɗaya. Wanda abin ya kama shi sosai kuwa, takardun lardunan Arewa na zamanin Turawa suna ma'ajiyar tarihi ta ƙasa a Kaduna, ga kuma Gidan Arewa a garin. A cikin fayilolin nan akwai shari'o'in kisa da ba wanda ya mai da su littafi, balle da Hausa. Wannan fili ne a buɗe ga ɗan Yelwa mai haƙuri da ƙura.

Kowanne aka ɗauka, a riƙa tambaya, wa ya gani da idonsa, wa ya rubuta, me kuma marubucin zai samu in an yarda da shi? Kada kuma a ɗauka kotunan Ingila na wancan zamani tsarkakakku ne. Sai a 1898 aka yarda wanda ake tuhuma ya yi rantsuwa ya ba da shaida a kan kansa, sai a 1907 aka kafa kotun ɗaukaka ƙara ta masu laifi, bayan an ɗaure wani Adolf Beck bisa kuskure har aka sake kama shi karo na biyu. Amma da yake an rubuta abin da kowane shaida ya ce, 'yan baya sun sami abin dubawa, sun gane kuskure, sun gyara doka. A Keffi ba a rubuta ba sai maganar mai nasara.

Wannan darasi bai tsufa ba. Har yanzu a garuruwan ƙasar nan akan yi ihun ɓarawo a kasuwa, kafin ɗan sanda ya iso an gama da mutum, ba a ji ta bakinsa ba, ba a san ko wani Audu Timtim ne ya kai ƙarya ba. Ɗalibin da ya karanta yadda kotu ta saki Constance Kent don rashin shaida, ya kuma karanta adadin rayukan da suka tafi tsakanin Keffi da Burmi, da wuya a same shi cikin masu ɗaukar dutse. Allah ya kiyaye, amin.